Ciwon da ke rikiɗa mutum ya koma mai kan oktofus: tambayoyi da amsoshi

Kwanakin baya gwaggona ta turo wani gajeren bidiyo a zauren WhatsApp na danginmu. An ɗaure wata mata a cikin wani abu kamar ƙwanso, sai ga wata halitta mai dogayen yatsu da jeloli huɗu a inda ya kamata a ga baki, ta tsamo wata tsutsa daga cikin ruwa ta kai wa matar ita saitin ido. Tsutsar ta wage baki, haƙora a zagaye, ta shige. Wanda ya fara yaɗa bidiyon ya rubuta a ƙasa wai sabuwar cuta ce ta ɓulla a Turai. Gwaggo ta biyo da saƙon murya: "Kai ɗan nan, tunda kai ne ka san kan kwamfuta, duba mana wannan masifa. Allah ya raba mu da mugun ji da mugun gani."

Ina gani na gane shi, don na kashe darare da dama a kan wasan da aka yanko shi daga ciki. Na yi bayani a zauren, sai bayanin ya haifi wasu tambayoyin, wasu daga yara masu buga wasan, wasu daga iyayen da ba su taɓa buga wasan kwamfuta ba. Ga su nan na tattara, na ɗan faɗaɗa amsoshin.

Cutar nan da gaske ce?

A'a, ƙirƙira ce tsagwaronta. Babu asibitin da ya taɓa karɓar mai ita, babu littafin likitanci da ya ambace ta. Bidiyon zanen kwamfuta ne, shi ne mabuɗin wani wasa mai suna Baldur's Gate 3 da kamfanin Larian na ƙasar Beljiyam ya fitar a watan Agustan 2023. A cikin labarin ana kiran ciwon seremofosis, suna ne da aka haɗa daga kalmar Latin mai nufin ƙwaƙwalwa da kalmar Girkanci mai nufin sauya siffa. Sunan ma yana cikin abin da ke ruɗa mutane, don ya yi kama da irin waɗanda likita ke rubutawa a kati.

Masu wasan ne suka ƙirƙiro ta?

Gado suka tarar. Tushen abin wani wasa ne na kan tebur, Dungeons & Dragons, wanda Gary Gygax da Dave Arneson suka fitar a Amurka a 1974. Ba a buga shi da na'ura. Abokai ne ke zama, ɗaya ya riƙa ba da labari kamar mai tatsuniya, sauran kowa ya ɗauki jarumi guda ya riƙa faɗin abin da jaruminsa zai yi, sai a jefa ƙwaya irin ta lido, amma mai fuska 20, a ga ko ya ci nasara. Wasa irin wannan yana buƙatar dodanni, kuma a 1975 Gygax ya kawo wani dodo mai jikin mutum da kan oktofus, mai cin ƙwaƙwalwa. Sunansa ilitid, laƙabinsa a Turance yana nufin mai feɗe hankali.

A farko dodo ne kawai, ba wanda ya damu da yadda ake haihuwarsa. Sai daga baya marubutan wasan suka zauna suka tsara masa rayuwa tun daga ƙwai, musamman a wani littafi da Bruce Cordell ya rubuta a 1998. Littattafan da suka biyo baya sun yi ta ƙari da ragi, shi ya sa za ka ji masoya wasan suna gardama a kan ko ta kunne tsutsar ke shiga, ko ta hanci, ko ta ido. Littattafan sun fi ambaton kunne da hanci. Wasan kwamfutar ne ya zaɓi ido, kuma ya san abin da yake yi, don ba mai kallon wurin bai runtse nasa ba.

Ita oktofus ɗin ma mece ce? Na ga wasu sun rubuta dorinar ruwa.

Wannan fassara kuskure ce. Dorina dabba ce mai ƙafa huɗu da ke kiwo a bakin kogi, ba abin da ya haɗa su. Oktofus halittar teku ce, danginta su ne katantanwa da kawa, Larabawa suna kiranta akhɗabuɗ. Ba ta rayuwa a ruwan daɗi ko kaɗan, don haka ba Basarken da zai tsamo ta a Matan Fada ko a Tafkin Chadi, abin da ya sa ke nan ba mu da tsohon suna nata. A gaɓar Afirka ta tekun Atlantika masuntan Muritaniya da Senegal da Maroko ne suka san ta sosai. Tukwane suke jerawa a igiya su sauke ƙasan teku, ita kuma da son rami sai ta shige ta mai da tukunyar gida, a janyo ta. Yawancin abin da suka kama Japan da Sifen ake kai wa.

Masu bin ƙwallo sun taɓa ganin guda ɗaya. A gasar cin kofin duniya ta 2010 wata oktofus da aka sa wa suna Paul, a wani gidan kifaye da ke Oberhausen a Jamus, ta yi suna saboda zaɓen akwatin abinci mai tutar ƙasar da za ta ci wasa. Sau takwas tana dacewa, har da wasan ƙarshe da Sifen ta ɗauki kofi. Dace ne, amma ya sa duniya ta kalle ta.

Halittarta kuwa ta fi ta dodon ban mamaki. Hannu takwas, zuciya uku, jininta shuɗi ne saboda tagulla ce ke ɗaukar iska a cikinsa a inda namu ke amfani da ƙarfe. Ba ta da ƙashi, abu mai tauri a jikinta shi ne baki irin na aku, duk ramin da bakin ya wuce to duka jikin zai wuce. A 2016 wata mai suna Inky ta fice daga tankinta a gidan kifaye na garin Napier a Niyu Zilan, ta ja jiki a daɓe, ta bi bututun magudanar ruwa ta koma teku. Tana da ƙwayoyin jijiya kusan miliyan 500, kuma kashi biyu cikin uku suna cikin hannuwan ne, ba a kai ba, ta yadda kowane hannu yana iya ɗanɗana abin da ya taɓa ya yanke ɗan hukuncinsa. Wajen sauya launi kuma hawainiya ƙanwar bayanta ce, ita cikin ƙiftawar ido take yi, har fatar ta yi gurje-gurje ta saje da dutse. Duk da wannan wayo ba ta daɗewa a duniya, yawancinsu shekara ɗaya zuwa biyu, uwar kuma takan daina cin abinci tana gadin ƙwai, su ƙyanƙyashe ta mutu.

A lura, ilitid jela huɗu gare shi. Kai kawai ya aro, shi ma rabi.

A cikin labarin, ta yaya ake kamuwa?

Ba kamuwa ake yi ba, saka wa mutum ake yi. Ba a ɗauka ta tari ko ta musabaha. Abin da muke kira ciwo, a wurin ilitid haihuwa ce.

Suna zaune ne a biranen ƙarƙashin ƙasa. A tsakiyar kowane birni akwai tafki na ruwan gishiri, a cikinsa wata ƙatuwar ƙwaƙwalwa, mu kira ta uwar ƙwaƙwalwa, wadda take jin tunanin kowa a garin kuma take juya su. A tafkin nan ake zuba ƙwai, su ƙyanƙyashe su zama 'yan tsutsotsi masu kama da talibambam. Suna yin kamar shekara goma a ciki, uwar ƙwaƙwalwa tana cinye mafi yawansu. Wadda ta tsira ta ƙosa, ita ce za a nemo wa mazauni: a kamo mutum da ransa, a saka masa ita. Ta haƙa ta isa ƙwaƙwalwa, ta cinye ta, ta manne a gindin da ya haɗa kai da laka, ta zama ita ce ƙwaƙwalwar jikin. Daga nan jikin ya fara bin sabon maigida.

Idan birni ya watse, uwar ƙwaƙwalwa ta mutu, aka bar tsutsotsin ba mai kula, sai su cinye juna. Ta ƙarshen da ta rage ta girma ta zama wani ƙaton maciji marar hankali da ake kira niyotelid. Su kansu ilitid ƙyamarsa suke yi, ko zancensa ba sa so, don yana tuna musu abin da suke in ba a ara musu jikin wani ba.

An ce kwana bakwai ne. Me ke faruwa a kowace rana?

Wasan kwamfutar, wanda a cikinsa kai mai bugawa ma an saka maka tsutsar, ya jera su ta bakin wani boka cikin abokan tafiyarka. Ranar farko zazzaɓi da mantuwa. Ta biyu gane-gane, fata ta fara yin toka-toka. Ta uku gashi ya zube, jini ya riƙa fita ta kafofin jiki. Ta huɗu ita ce ta azaba, ƙasusuwa da kayan ciki suna sauya mazauni. A ta biyar mai jikin ya gama tafiya, yatsu da gaɓoɓi sun ƙara tsawo. A ta shida naman da ke kewaye da baki ya tsage, jeloli huɗu su fito. A ta bakwai ilitid ya miƙe, fata mai ruwan gauta da santsi, idanu farare, ba ya buƙatar murya don kai tsaye yake magana cikin kan mutum.

Dubi inda aka ajiye mutuwar. A rana ta biyar take, jelolin kuma sai ta shida. Wato abin da ya fi tayar wa mai kallo hankali yana zuwa ne bayan babu sauran wanda zai ji zafinsa.

To mutumin yana nan a ciki, ko ya mutu?

Wannan ita ce tambayar da ta riƙe labarin shekara da shekaru, ba jelolin ba. Amsar da ilitid ke bayarwa ita ce ya mutu, jikin riga ce kawai aka gada. A cikin wasan ma akwai mai cewa ilitid ba shi da kurwa sam.

Sai dai littattafan sun bar wata 'yar kafa. Wani lokaci sabon ilitid yakan tashi da ɓurɓushin ɗabi'ar mai jikin. Ya tsinci kansa yana ƙwanƙwasa yatsa a kan dutse yadda wancan ke yi, ko wani amo na waƙa ya riƙa yi masa yawo a kai bai san inda ya taɓa jin sa ba. A wurinsu wannan abin kunya ne, mai shi ɓoyewa yake yi, don in aka gane ba zai kwana lafiya ba. Har suna da wata tatsuniyar tsoro tasu, cewa wata rana za a haifi wanda zai tashi da mutumin gaba ɗaya a cikinsa, ya zauna a tsakiyarsu da fuskarsu yana shirya musu halaka. Ina son wannan wuri ƙwarai. Dodon da kowa ke tsoro, shi kuma abin da ke hana shi barci ɗan waƙar da wani manomi ke yi wa jakinsa.

Baldur's Gate 3 ya ɗauki wannan kafa ya faɗaɗa ta. Ba zan ɓata wa mai shirin bugawa ba, amma za ka haɗu da ilitid mai rantsuwa cewa shi har yanzu shi ne, yana tuna gidansa da abokansa da abincin da yake so, kuma dole ka yanke hukunci ko gaskiya yake faɗa ko kuwa tsutsa ce ta iya karanta tsohuwar wasiƙa da muryar mai ita. Sannan wasan ya kafa maka tarko. Tsutsar da ke kanka tana ba ka iko, kana iya juya tunanin mutane, kana iya tashi sama, kuma in ka samo wasu tsutsotsin ka haɗa da taka ikon ya ƙaru. Mutum ya fara wasan yana neman mai cire masa ita ido rufe, bayan awa talatin ka same shi yana bin gawarwaki yana tsintar wasu. Ni ma na yi.

Duk wanda ya taɓa jinyar tsoho mai ciwon mantuwa ya san wannan tambaya ba ta tsaya a wasa ba. Kaka ta dube ka ta ce ɗan wane ne wannan, ta manta sunan 'yarta, amma ka miƙa mata carbi ka ga yatsun sun kama ja yadda suka saba shekara sittin. Ina jin daga irin wannan wuri ne labarin yake samo ƙarfinsa, ko marubutan sun nufa ko ba su nufa ba.

Kowa ake iya saka wa?

A'a. Littattafan sun ce sai mai jiki daidai na ɗan Adam, mutane da wasu jinsunan labarin masu irin tsawonsu. Gajeru ƙwarai da ƙattai ba sa yi, ko mazaunin da tsutsar su mutu tare, ko a samu wata halitta ta daban.

Tana da magani?

A ƙa'idar littattafan, da zarar ta gama da ƙwaƙwalwa magana ta ƙare. A wasan kwamfutar an yi wa tsutsarka wani sihiri da ya dakatar da ita, shi ya sa kake da lokacin yawon neman magani, kuma kashin farko na wasan kusan duk yawon nan ne. Duk wanda ya taɓa rakiyar majinyaci daga wannan mai magani zuwa wancan zai yi dariya mai ciwo. Akwai wata tsohuwar mayya a fadama da za ta ce ka ba ta ido ɗaya ta cire maka, ta karɓi idon, sannan ta ce abin ya fi ƙarfinta. Akwai wata na'ura ta wasu mayaƙa da ake ta yi maka alkawarin ita ce waraka, ashe kashe mai ciwon take yi. Sai kuma Volo, wani marubuci mai cika baki, wanda ya ce ya karanta yadda ake yi. Ya kwantar da kai, ya fara da allura, ya ga ba ta kai ba ya ɗauko tsinken fasa ƙanƙara. Wasan yana ba ka damar ka ce ya tsaya har sau da dama. In ka yi taurin kai ka bar shi, idonka ne zai fito a maimakon tsutsar, ya ba ka haƙuri da ido na roba. Tsutsa tana nan daram.

Me ya sa oktofus? Ba ga kura da maciji ba?

Kura da maciji muna iya karanta su, mun san ina kai ina wutsiya, mun san fushinsu. Oktofus tana kallonka da ido mai kama da naka, amma sauran jikin ba ka san ta inda za ka fara ba. Turawa sun daɗe da wannan tsoro. Matuƙan jirgin ruwa na Norwe suna da labarin kiraken, wani ƙaton dodon teku mai hannuwa irin na oktofus, mai janye jirgi ƙasa. Marubucin Faransa Victor Hugo ya sa faɗan mutum da oktofus a wani littafinsa na 1866, abin ya ja hankalin Faransa. Sannan H. P. Lovecraft na Amurka ya fitar da labarin wani dodo mai kan oktofus a 1928, ya kuma rubuta wani da aka buga a 1936 a kan wani garin bakin teku da mutanensa ke komawa halittun ruwa sannu a hankali in sun manyanta. Daga wannan zuri'a ilitid ya fito.

Ya kamata mai karatu Bahaushe ya san wani abu game da Lovecraft. Mutum ne mai tsananin ƙyamar baƙar fata da baƙi 'yan ci-rani, wasiƙunsa da rubuce-rubucensa sun shaida. Tsoron rikiɗa a labaransa, in ka tona, tsoron cakuɗuwar jini ne da waɗanda yake gani ba mutane ba. Marubutan baya sun ɗauki jelolin, yawancinsu sun yar da wancan kayan, amma ba laifi a san daga wace rijiya aka ɗebo ruwan.

Wannan ba ita ce rikiɗa ko maitar da muka sani ba?

Da rikiɗa akwai bambanci. A tatsuniyoyinmu ɓauna takan zama kyakkyawar budurwa ta bi maharbi gida don ta ji asirinsa, mutum yakan zama kura da dare ya dawo kafin asuba. Mai rikiɗa shi ke so, shi ke komawa, kuma hankalinsa yana tare da shi a kowace siffa. Seremofosis hanya ɗaya ce, ba a tambayi mai jikin ba, ba kuma dawowa.

Da maita kuwa kamar ta fi kusa. A yadda ake faɗa, maye yana da ƙanƙara a ciki, wanda ya haɗiye ta ya zama maye, ya tashi da yunwar da tuwo ba ya kashewa, ya riƙa kama kurwar mutane. Wani abu ya shiga jiki daga waje, ya mai da mutum mai cin 'yan uwansa: ƙashin labarin ɗaya ne, ko da yake ba wanda ya kwaikwayi wani. Inda suka rabu ya fi muhimmanci. Ba a taɓa jifan wata tsohuwa a unguwa don an ce ilitid ce ba, amma zargin maita ya raba mutane da gidajensu, ya ci rayukan waɗanda ba su ji ba ba su gani ba, yara kuma da zazzaɓin cizon sauro ya taɓa wa ƙwaƙwalwa suna sambatu an bar su ana neman wanda zai tsallake su maimakon a kai su asibiti.

A kimiyyance, abu irin wannan zai iya faruwa?

Ba zai yiwu ba. Talibambam yana zama kwaɗo ne don tsarin kwaɗon yana rubuce a ƙwayoyin halittarsa tun yana ƙwai, wani sinadari daga maƙoshi ne kawai ke ba da umarnin a fara. A jikin ɗan Adam babu tsarin jela da ke kwance yana jira. Ƙashi ɗaya in ya karye yana cin makonni shida ko fiye kafin ya haɗe, balle a ce duka ƙasusuwan jiki su sake tsari cikin yini guda. Ƙwaƙwalwa kuma a cikin rufaffen ƙoƙo take, ɗan zubar jini ko kumburi a ciki ya isa ya tsayar da numfashi, mutum zai mutu tun tsutsar ba ta ci rabi ba.

Amma akwai tsutsar da ke shiga ido ko ƙwaƙwalwa da gaske?

Akwai, kuma nan ne gwaggo ta daina addu'a ta fara ba da labari. A dazuzzukan Kamaru da kudancin Najeriya da ƙasashen tsakiyar Afirka akwai tsutsar lowa-lowa, wani ƙuda mai cizo da rana ke yaɗa ta. Tana yawo a ƙarƙashin fata, wani lokaci mutum ya duba madubi ya gan ta tana ratsa farin idonsa. Akwai kuma tsutsar ciki ta alade, wadda 'ya'yanta kan yi ƙululu a ƙwaƙwalwa su jawo farfaɗiya. Kada mutum ya ce ai ni ba na cin alade, wannan nau'in ta ƙwai ake ɗaukarsa, daga bayan gidan mai ɗauke da tsutsar zuwa ruwa ko ganye ko hannun mai abinci. A 2022 likitoci a Kanbera ta Ostireliya sun zaro tsutsa mai rai, tsawon santimita 8, daga ƙwaƙwalwar wata mata, irin wadda aka saba samu a cikin mesa. Labarin ya bazu a watan Agustan 2023, watan da wasan ya fito.

Wanda gwaggo ta sani da idonta shi ne kurkunu. Ta ce a ƙauyensu da damina, daidai lokacin da ake buƙatar kowa a gona, sai ka ga magidanta a zaune gindin bishiya ƙafa a miƙe. Mutum ya sha ruwan kududdufi bara, bai san komai ba, sai bana ƙafa ta yi bororo mai zafi kamar wuta, ta fashe, farin zare ya leƙo. A naɗe kan a jikin ɗan tsinke, kullum a murza kaɗan, makonni ana yi, don in ya tsinke a ciki ƙafar ta rube. Tsawonsa yakan kai mita ɗaya. Ga wayonsa: zafin ne ke kora mutum ya tsoma ƙafa a ruwa don ya ji sanyi, shi kuma abin da yake jira ke nan ya zuba 'ya'yansa. A ƙarshen shekarun 1980 an ƙirga masu shi sama da 650,000 a Najeriya kaɗai. Da tace ruwa da haƙa rijiyoyi da sa ido aka ci ƙarfinsa, tsohon shugaban Amurka Jimmy Carter da Janar Yakubu Gowon suna cikin waɗanda suka bi ƙauyuka a kan haka, har Hukumar Lafiya ta Duniya ta tabbatar Najeriya da Nijar sun rabu da shi a 2013, Gana a 2015. A Chadi har yanzu ana fama da ragowarsa, musamman a jikin karnuka.

Ko ɗaya daga cikin waɗannan ba ya sauya wa mutum siffa.

Halittar da ke juya hankalin wata fa?

Wannan ma akwai, a tsakanin ƙananan halittu. Fasa gidan zanzaro da ke manne a kusurwar ɗaki, za ka tarar da gizo-gizo ko tsutsotsi a dunƙule, ba su mutu ba, an dai shanye musu jiki an ajiye wa ɗan da zai ƙyanƙyashe ya ci da ɗumi. Wani ɗan uwansa mai kore-kore ya fi shi ƙwarewa. Yakan harbi kyankyaso a ƙirji, sannan ya sake harbinsa daidai cikin kai, kyankyason ya rasa niyyar gudu alhali ƙafafunsa lafiya lau, ya kama shi ta gashin kai ya ja shi har rami kamar akuya, ya saka masa ƙwai. A teku kuma akwai wani ƙwaro da ke shiga bakin kifi ta kafofin numfashinsa da ke gefen kai, ya manne a harshe ya tsotse jini har harshen ya bushe ya faɗi, shi kuma ya zauna a gurbin. A cinye gaɓa a gaje kujerarta, wannan shi ne mafi kusa da tsutsar ilitid da na sani.

A mutane, abin da ya cancanci tsoro shi ne ciwon haukan kare. Ƙwayar tana bin jijiya daga inda aka ciji mutum har ƙwaƙwalwa, ta kawo firgita da tsoron ruwa, kuma in alamu suka bayyana kusan ba mai tashi. Wanda kare ya ciza ya wanke wurin da sabulu da ruwa mai yawa na minti 15, ya nufi asibiti a fara masa allura a ranar, kada ya jira ya ga abin da zai faru.

Cin oktofus ko taɓa ta yana jawo wani abu?

Ba ya jawo rikiɗa. Miliyoyin mutane a Japan da Koriya da Girka da Sifen suna cin ta. Wadda ake gudu ita ce wata 'yar ƙarama mai zobban shuɗi a jiki, a tekun Ostireliya da kewaye, cizonta yana da dafin da ke tsayar da numfashi.

Yarona yana so in saka masa wasan. In bari?

Ya danganta da shekarunsa, amma a Turai tambarin 'yan shekara 18 aka buga masa, kuma ba don tsutsar kaɗai ba. Akwai jini da yanka ƙarara, akwai tsiraici da kwanciya, ko da yake akwai maɓallin rufe tsiraicin a wurin saiti. Wasa ne mai kyau a fanninsa, shi ya ci kyautar gwarzon wasan shekara ta 2023, rubutunsa ya fi na finafinai da yawa, kuma mai koyon Turanci zai sha karatu. Ni dai ban bar ƙanena ɗan shekara 13 ya taɓa shi ba. Sannan yana son kwamfuta mai ƙarfi ko PlayStation 5 ko Xbox na zamani, girmansa ya haura gigabait 100, zagaye ɗaya kuma yana iya cin awa ɗari. Wanda ke sayen data da kuɗinsa, ga kuma yadda wuta take, ya yi lissafi tukuna.